Taguwar Surjaram da Sulhun Ƙishirwa

Ranar da taguwar Surjaram ta ɓata, garin Kalusar wayam yake. Bikin shekara ake yi a wurin bauta na bayan tudu, tun hantsi gari ya watse, maza a bayan tarakta, mata a amalanke, har karnuka sun bi ƙamshin suya. Da aka dawo da yamma, Surjaram ya tura ƙyauren gidansa ya tarar da turke, ya tarar da akala a rataye, ya tarar da harawa an ci rabi. Taguwarsa Rupli ce kawai babu.

Kafin a kira Hukma mai bin sawu, mutum ya fi ɗari sun shiga tsakar gidan sun fita, kowa ya zo jaje da ƙafafunsa biyu. Hukma ya tsaya a bakin ƙofa yana kallon ƙasa, ransa a ɓace. Shekararsa sittin da takwas, sana'ar gado ce tun kakanni, kuma shi bai cika gane mutum a fuska ba. In ka gaishe shi, sai ya duba ƙafarka kafin ya amsa da sunanka.

"Da garken awaki kuka shigo da shi, da ta'adin bai kai haka ba," in ji shi.

"Baffa, kada ka wahalar da idonka," in ji Surjaram, rawaninsa a karkace don fushi. "Ɓarawo ya sa hannu kafin ya tafi. Dubi nan."

A gindin katanga, inda ba a tattake ba, ga sawun takalmi ɓaro-ɓaro, dugadugin dama da facin tsohuwar taya. Duk Kalusar an san wannan faci. Na Bhanwaru ne, ma'aikacin gwamnati mai buɗe ruwan famfo, wanda ke zagaya lungu-lungu kullum da ƙaton makullin ƙarfe a kafaɗa. Kuma mutum biyu ne kacal ba su je biki ba. Shi Bhanwaru, saboda da tsakar rana ake turo ruwa, sai Likhma mahaifin Surjaram, wanda yara da manya ke kira Babosa, shekara biyu ke nan yana kwance a gadon igiya tun da ya faɗo daga amalanke.

Wata mata ta tuna cewa a watan jiya Rupli ta sosa wuya da famfon unguwa ta karya shi, har Bhanwaru ya ce a gaban jama'a wata rana za a nemi dabbar nan a rasa. Wani dattijo ya tuna cewa kakan Bhanwaru ma an taɓa ganinsa da akuya mai kama da ta wani. Kafin shayi ya huce an gama shari'a.

Hukma ya tsuguna a gefen gadon tsohon. "Yaya Likhma, kai kaɗai ne a gida. Me ka gani?"

Babosa ya buɗe ido ɗaya. "Ni da ko juyi sai an juya ni? Na dai ji motsi. Na ce wane ne, ba a amsa ba."

"Ɓarawo marar tarbiyya," in ji Hukma.

Sufeton 'yan sanda ya iso a babur, matashi mai gyararren gashin baki. Ya ɗauki hoton sawun da wayarsa, ya rubuta cewa an yi sata a cikin gida. Aka je gindin tankin ruwa aka tarar da takalmin a jere, Sufeto ya sa shi a leda. Mai takalmin ne ba a tarar ba. Ya ɓace, shi da makullin ruwa.

* * *

Washegari da sassafe, kafin iska ta tashi, Hukma ya ɗauko sawun daga bayan katanga.

Ƙasa ba ta iya ƙarya, sai dai mai karanta ta ya yi gaggawa. Abu na farko da ta gaya masa shi ne ba a ja Rupli ba. Mai takalmin yana gaba, tana biye, tana taka sawunsa a natse kamar mai rakiya, alhali ita dabba ce da ta taɓa cizon likitan dabbobi a kafaɗa. Na biyu, takalmin ya fi ƙafar girma. Dunduniya na nutsewa, baki na ja a banza. Na uku, ƙafar hagu tana fita waje kaɗan. Mutum uku Hukma ya sani masu irin wannan tafiya. Ɗaya ya mutu, ɗaya yana aikin masaƙa a birnin Surat, na ukun kuwa bai ma tsaya lissafa shi ba.

A bayan gari ta gurfana, mutumin ya hau. Daga nan sai sawunta kaɗai har bakin kwalta, inda manyan motoci suka share komai.

Ya je ya gaya wa Sufeto. Sufeto ya ce, "Baffa, alƙali ba ya karɓar yashi a matsayin shaida. Takalmin Bhanwaru ne ko ba nasa ba?"

"Nasa ne."

"To, sha shayi."

Hukma bai sha ba. Ya wuce wurin Fakru mai amalanken raƙumi, wanda aka san ya daɗe yana son Rupli, kuma an ce ya bar biki da wuri. Ya same shi yana shafa wa amalensa magani.

"Ina ka je da ka bar biki?"

"Baffa Hukma, kai da kake karanta ƙasa, je ka bayan tudu ka karanta. Na ci soyayyen barkono guda tara a kan musu. Duk inda na tsuguna na bar maka shaida."

Hukma ya duba ƙafarsa. Faffaɗa ce kamar faranti, ko da man shanu ba za ta shiga takalmin Bhanwaru ba. Ya yi masa fatan sauƙi ya tafi.

Neman Bhanwaru kuwa bai kai tsawon shan taba ba. 'Yan sanda sun je garin surukansa, sun je tashar mota. Hukma ya bi sawun ƙafa ba takalmi daga tanki zuwa gidan Bhanwaru, daga can har bayan gidansa shi kansa Hukma, inda ya jibge karan gero. Ya tsaya ya gaida tarin karan, "Ram Ram."

Karan ya amsa, "Ram Ram, Baffa."

"Ka rasa inda za ka ɓuya sai gidan mai bin sawu?"

"Na ga nan ne kaɗai ba za su nema ba." Bhanwaru ya leƙo, ƙaiƙayi a gashinsa, yana rungume da makullin. "Na rantse da ruwan kogin Ganga mai tsarki ban taɓa ta ba. Na tuɓe takalmi na shiga ramin buɗe ruwa, na gama na ɗan kishingiɗa a ɗakin inji. Na farka ba takalmi. Na tafi gida ina tsalle a yashi mai zafi. Da yamma aka ce ga shi can a jere. Wa zai yarda?"

"To ka fito ka faɗa mana."

"Baffa, saura kwana goma sha biyu in yi ritaya. Ma'aikacin gwamnati in ya kwana biyu a tsare, an dakatar da shi ke nan. Shekara talatin da uku ina buɗe ruwa, ban taɓa makara ba sai ranar da aka haifi 'yata. An ce za a naɗa min sabon rawani, a rataya min fure, a rako ni gida da ganga. Yanzu da ankwa za a rako ni?"

Hukma ya shiga gida ya kawo masa gurasar gero biyu da albasa.

* * *

Kwana na farko ba ruwa, mutanen Kalusar suka ce gara ƙishirwa da ɓarawo. Kwana na uku aka fara cewa ai ba wanda ya gan shi da ido. Kwana na biyar, dattijon da ya tuna akuyar kakan Bhanwaru ya sake tunawa cewa tunkiya ce, kuma ta kakan ce. Ofishin ruwa suka ce makulli ɗaya ne, sai an rubuto a nemi wani. Mata na tafiya rijiyar gari na gaba da tulu biyu-biyu a ka, suna dawowa da maganar da ba ta faɗuwa.

Matar Bhanwaru ta ɗauko lauya daga birni, wani Purohit mai baƙar kwat da ta koɗe a kafaɗu. Ya zauna a gindin bishiyar dandali ya yi wa dattawa bayani.

"Akwai belin da ake nema tun ba a kama mutum ba. Riga-kafi ke nan. In kotu ta bayar, ko Sufeto ya dafa kafaɗarsa, dole ya sake shi nan take. Abin da nake so ku ba ni shi ne takardar sulhu. In mai taguwa ya ce ya yafe, me ya rage wa alƙali? Sai sa hannu."

Surjaram ya ce ko sama da ƙasa za su haɗe ba zai yafe ba. Da rana ya koma gida cin abinci, matarsa Dhapu ta ajiye masa tulu babu komai a ciki, ta koma gefe ta zauna. Babosa ma ya yi magana daga gado, da muryar mai shirin barin duniya, "Yafe masa, ɗana. Dabba ce. Ka kashe maganar nan ko na mutu da kwanciyar rai."

Da yamma aka rubuta sulhu. Kowane dattijo ya ce sai an sa tasa maganar, lauya kuma yana sauri ya kama motar ƙarshe. Aka kai takardar bayan gidan Hukma, wani hannu ya fito daga cikin kara ya sa hannu ya koma.

* * *

Ranar Litinin rabin gari ya cika kotun gunduma, kuma ba a daɗe ba ma'aikacin kotu ya buɗe tagogi duka. Hukma ya sami wuri a baya yana nazarin takalman lauyoyi.

Mai shari'ar mace ce, da tabarau a kan hanci da furfura a goshi. Ta karanta takardar sau biyu, sannan ta karanta a fili.

"Surjaram ya yafe wa Bhanwaru satar taguwa. Bhanwaru bai saci taguwa ba. Bhanwaru ya yi alkawarin ba zai ƙara ba. Za a buɗe ruwa." Ta ɗago. "Lauya, wanne zan ɗauka? Bai yi ba, ko ba zai ƙara ba?"

"Duka biyun, ranki ya daɗe, saboda zaman lafiya."

Ta sa aka kira Surjaram. "Da son ranka ka sa hannu?"

"Da son raina, ranki ya daɗe. Kwana shida ban yi wanka ba."

"Kotu ta lura. Ka yarda ba shi ya sata ba?"

"Shi ya sata. Amma na yafe."

"In aka buɗe ruwa, ka yi wanka, ka sha shayi, yafiyar tana nan?"

Surjaram mutum ne mai gaskiya. Ya tsaya ya yi tunani sosai, har lauya Purohit ya fara tari. "Sai dai in gani a lokacin," in ji shi.

Lauyan gwamnati ya miƙe ya ce har yau ba a ga dabba ba, wanda ake zargi ya gudu, kuma ba za a san inda ya kai ta ba sai an tsare shi an tambaye shi.

Mai shari'a ta cire tabarau. "Ku saurara, mutanen Kalusar, don kada ku koma ku ce kotu ta ƙi zaman lafiya. Sulhu abu ne mai kyau, ina ɗora shi a ma'auni, sau da yawa ma shi ke rinjaya. Amma ba shi kaɗai ne a kai ba. An rubuta sata ce a cikin gida, wannan kuwa ba ya cikin laifukan da mutum biyu ke kashewa a gindin bishiya. Ƙarar ta bar hannunku ta koma ta gwamnati. Sannan dole in tabbata sulhun na gaske ne, ba ƙishirwa ce ta rubuta shi ba."

Ta ba da umarni kada a kama Bhanwaru har ranar Alhamis. Ya fito, ya amsa kiran Sufeto duk lokacin da aka neme shi, ya kuma buɗe ruwa yau ɗin nan. Ran Alhamis, in ba taguwa ba labarinta, za ta saurari buƙatar gwamnati.

A waje lauya Purohit ya ce wa mutane wannan babbar nasara ce. Hukma dai ya ƙirga a yatsunsa, ya ga kwana uku.

* * *

Ranar Talata duk Kalusar wanki ake yi. Lunguna sun zama taɓo, kowace katanga ta sha shanya. Hukma ya koma gidan Surjaram, don in sawu ya ɓace maka, komawa ake yi inda ya fara.

Ya tarar da Dhapu a bakin famfo, mayafi har haɓa saboda surukinta na kwance a rumfa, tana dukan kaya da sanda. A al'ada ba ta yi wa surukinta magana kai tsaye, don haka duk abin da ke ranta tulu take gaya wa, da ƙarfin da za a ji a rumfa.

"'Yata, kafin a sace Rupli, kin ga wani baƙo na zagaya gidan nan?"

"Baƙo ba ya zuwa, Baffa. Aljani dai muna da shi."

"Wane iri?"

"Mai son zaƙi. Shekara guda ke nan, duk ranar da muka tafi gona, sai in dawo in tarar an gutsuri mazarƙwaila. Na mai da ita saman kanta, inda ni ma sai na taka turmi, bai fasa ba. Na kira mai addu'a ya yi hayaƙi, shi ma ya ci rabin abin da ya rage." Ta ɗauko wani farin gyauto irin wanda maza ke ɗaurawa ta tsoma, sai ta fizge hannu ta sa yatsa a baki. "Ga wani sabon salo kuma. Ƙarangiya."

Hukma ya matso. "Na wa ne?"

"Na Babosa. Tun ranar biki yake jibge, ba ruwan wankewa. Dubi bakinsa, kamar bushiya. Iska ce ke kawo ta, ko aljanin ne, oho."

Hukma ya juya bakin gyauton a hannunsa. Ƙarangiya ce cunkus, daga ƙasa har inda zai kai gwiwa, gaba da baya. A cikin Kalusar awaki ba su bar ko tsinke ba. Ba a samun ƙarangiya sai a tuddan da ke tsallaken kwalta, kuma iska ba ta jera ta daidai gwiwa.

Ya juya ya dubi rumfa. Babosa na kwance idonsa a rufe, tafin ƙafarsa ya leƙo daga bargo. Hukma ya tako a hankali, idonsa a kan ƙafar. Saura taku biyu ya isa, sai ƙafar da ta shekara biyu ba ta motsi ta ja kanta cikin bargo.

"Yaya Likhma, yaya jiki?"

"Sai godiya," in ji tsohon, bai buɗe ido ba.

A tsallaken kwalta, bayan tuddan, akwai 'yar rugar da aka kai Jamna aure, 'yar Babosa, wadda ba ta ga maciji da yayanta Surjaram. Hukma ya isa da rana tsaka. Tun daga bakin rijiya ya ga sawun Rupli, sabo, na safiyar nan.

"Jamna, na zo ganin taguwa."

"Ba mu da taguwa, Baffa."

Wani dogon gurnani ya taso daga bayan rumbu.

"Wannan fa?"

"Maigidan ne. Ƙirji ke damunsa."

Hukma ya zauna a kan turmi ya gaya mata abin da zai sami Bhanwaru ran Alhamis. Ita an ce mata ta ɓoye dabba, ba a ce mata za a ɗaure mutum ba.

* * *

Ranar Laraba da la'asar Hukma ya tara su a tsakar gidan Surjaram. Ga Bhanwaru ya yi aski, ga Fakru, ga Sufeto da takalmi a leda, ga lauya Purohit, ga sauran gari a kan katanga. Ya sa aka zuba yashi mai laushi aka baje da tsintsiya.

"Kowa zai sa takalmin nan ya taka," in ji shi.

Bhanwaru ya taka, sawu ya fito cif, baki da dunduniya. Hukma ya karɓi wayar Sufeto ya nuna masa hoton da shi da kansa ya ɗauka. A hoton bakin takalmin ja yake yi, ƙafar hagu a waje. Sufeto ya duba ƙasa, ya duba waya, ya shafa gashin baki. Fakru ya gwada, babban yatsansa kaɗai ya shiga. Surjaram ma ya taka yana huci, bai dace ba.

"Saura mutum ɗaya," in ji Hukma, ya ɗauki takalmin ya ajiye a gaban gadon igiya.

Aka yi dariya a kan katanga. Surjaram ya ce, "Baffa, tsufa ne ko rana ce ta buge ka?"

Hukma bai kula shi ba. Ya tsuguna, ya yi magana a hankali, amma tsit ɗin da aka yi ya sa kowa ya ji.

"Yaya, tare muka yi kiwo da kai. Na san tafiyarka tun ba mu da gemu, ƙasa ta gaya min sunanka tun ranar farko na ƙaryata ta. Ba zan ɗaga bargon nan ba. Amma gobe, in ba a san gaskiya ba, mutumin can zai kwana a kulle. Shekara talatin da uku yana ba ka ruwa."

Babosa ya buɗe ido biyu. Bai dubi Sufeto ba, bai dubi ɗansa ba. Dhapu ya duba, wadda ke tsaye da tulu a kwankwaso. Ya daɗe yana dubanta. Sannan ya yi ajiyar zuciya, ya yaye bargo, ya sauko da ƙafafu, ya zura takalmin, ya miƙe tsaye. Ya taka yashin daga wannan gefe zuwa wancan, ƙafar hagu na fita waje, bakin takalmi na ja.

Wata tsohuwa a kan katanga ta ce ikon Ubangiji ne, ta fara waƙar yabo, aka toshe mata baki.

"Na ji ka da dillali a zaure," in ji Babosa, yana fuskantar ɗansa. "Za ka kai ta kasuwa ka sayo keke mai ƙafa uku. A hannuna aka haife ta. Uwarta ce ta yi noman da ka ci ka yi wannan wuyan. Na ce maka kada ka sayar, ka ce in kwanta in huta. To na kwanta."

"Babosa, tun yaushe kake tafiya?" in ji Surjaram.

"Wata uku na yi ina jinya na warke. Sai na ga kwanciyar ba laifi. Ba gona, ba gardama, ga madara da safe." Ya juya ga Bhanwaru ya haɗa hannuwa. "Kai ne na zalunta. Nawa takalmin sun bayar tun bara, sun ce me zan yi da shi. Yashi na ƙuna, na ga naka a gindin tanki. Na mayar da shi a jere, na zaci na gama. Da aka ce sulhu, na ce shi ke nan, ka tsira, ita ma ta tsira. Ban san gwamnati na shiga maganar taguwa ba."

Bhanwaru ya ce, "Da ka tashe ni, Babosa, ai da na raka ka."

A lokacin Jamna ta shigo da Rupli, ba akala. Taguwar ta ratsa jama'a, ta kai wa Sufeto hari ya kauce, ta je ta ɗora haɓa a kan rawanin tsohon.

Dhapu ta sauke tulunta ta ajiye a tsakiyar gida, ta tsuguna a gabansa.

"Tulu," in ji ta, muryarta a kwance, "shekara biyu. Safe da yamma ina ɗumama mai ina matsa ƙafafun nan. Na ɗauke, na ajiye, na juya. Na yi azumin Litinin goma sha shida don su warke. Ashe su ne ke taka min turmi suna cin mazarƙwaila."

Ba wanda ya yi dariya, don kowa na son ransa.

* * *

Ran Alhamis Babosa ya shiga kotu da ƙafafunsa, Hukma a gefensa. Mai shari'a ta saurari Sufeto, ta saurari tsohon, ta rufe baki da fayil na ɗan lokaci. Sannan ta tambayi Surjaram taguwar ta wa ce.

Surjaram ya sake tsayawa tunani. "Tasa ce, ranki ya daɗe. Bai taɓa ba ni ba. Na dai ga yana kwance."

"To mutum ba ya satar abinsa. Takalmi kuwa an mayar." Ta ba Bhanwaru belinsa cikakke, ta ce wa Sufeto ya rubuto rahoton rufe magana kafin ƙarshen wata. Lauya Purohit ya miƙe ya ce dama abin da ya faɗa ke nan tun farko. Ta ce ya zauna.

Babosa ya ɗaga hannu kamar ɗan makaranta. "Ranki ya daɗe, ina da tambaya. Takardar nan da ake ba mutum tun ba a taɓa shi ba, ta 'yan sanda ce kawai, ko tana aiki a cikin gida?"

"Wa kake tsoro?"

"Matar ɗana. Tun jiya ba ta ce min komai ba. Tulun ma ta daina yi masa magana."

Mai shari'a ta mai da tabarau. "Baba, wannan ƙarar ba ta gwamnati ba ce. Irinta ce ake kashewa da sulhu, kuma kai za ka nema."

Da suka fito baranda, sai ga Dhapu can a bakin ƙofar kotu, mayafi har haɓa, tana tsaye ƙyam. A hannunta akwai sabon takalmi, irin mai kauri na zuwa gona.

Babosa ya ja hannun rigar Hukma. "Ƙanena, ginin nan ba shi da ƙofar baya?"

"Yana da ita, Yaya," in ji Hukma. "Amma in ta ce in bi sawunka, zan bi."

Tsohon ya gyara rawani, ya nufi ƙofar gaba.